Na Ga Takardar, Maas Fanso

Ranar Talata, sha ɗaya ga watan Maris na shekarar 2025, da misalin ƙarfe goma na safe, Allah ya karɓi ran Alphanso Brissett, wanda duk yankin St Thomas ya sani da Maas Fanso, mai kayan sautin nan da ake kira Tsawar Gabas. Ya rasu a gidansa da ke kan tudu bayan garin Seaforth, yana da shekara saba'in da takwas, bayan jinyar ciwon ƙoda ta wata bakwai. Ya bar matarsa Miss Icilda, da 'yarsa Shernette, da jikoki uku. Ina Miami labarin ya same ni, ina wanke mota a ƙofar gida. Wani tsohon abokin aikina na tashar Morant Bay ne ya bugo waya, ko gaisuwa bai yi ba ya ce, "Vin, mutuminka ya tafi." Ban tambaye shi wane mutumi ba. Na bar ruwan yana ta zuba har maƙwabciyata ta leƙo ta yi mini magana.

Ni ne Vinroy Tulloch, wanda ake kira Papa Vin, mai waƙar "Fitilar Kaka". Tun da ka rasu, Maas Fanso, gidajen rediyo ke kirana in faɗi wani abu a kanka, ana ta yaɗa tsohon hotonmu, kai da gudumarka ni da makirufo, ana rubuta uba da ɗa a ƙasa. Masu yaɗawar ba su san cewa shekara talatin da biyu ke nan rabona da zama a inuwar gidanka ba. Akwai ƙarya guda ɗaya tsakanina da kai. Abin da na yi ta nema a wurinka duk tsawon shekarun nan shi ne ka yafe mini ba tare da na janye ta ba, kai kuwa ka ƙi. Don haka wannan ta'aziyyar ba za ta yi daɗin karatu kamar sauran da aka rubuta maka ba.

A 1989 muka haɗu. Ina kwandastan bas mai zuwa Kingston, ina rataye a ƙofa ina kiran Yallahs da Bull Bay, kai kuma ka shigo rungume da wata ƙatuwar lasifika, ka ba ta kujerar taga kai ka zauna a gefe. Muna hanya ka dube ni ka ce:

"Kai kwandasta, wannan muryar taka gado ce ko yunwa ce?"

Na ce, "Duka biyun, Maas."

"To ka hau tudu ran Lahadi bayan an tashi coci. Mu kashe ɗayar mu ga abin da zai rage."

Na je. Miss Icilda ta cika mini kwano da shinkafa da wake mai madarar kwakwa da kaza, ta tsaya a kaina sai da na suɗe. Daga nan ka miƙo mini makirufo a gindin mangwaron da kake aiki, ka sa kiɗa, ka juya mini baya kana fere katako. Na yi ta zuba abin da na iya har gumi ya jiƙa mini riga. Da na gama ka ce, "Rabi hayaniya ce. Dawo mako mai zuwa." Wannan shi ne yabo mafi girma da na taɓa samu daga bakinka, kuma na yi wata guda ina ba mutane labarinsa a tasha.

Kai kafinta ne kafin komai. Duk akwatunan lasifikar Tsawar Gabas da hannunka ka ƙera su, goma sha shida, kuma ba ka yarda da abin awo na injiniyoyi ba. Kofin ruwa kake ɗorawa a kan akwati, ka saki kiɗa, ka tsuguna kana kallon yadda ruwan ke rawa. In bai yi maka ba, ka kwance akwatin gaba ɗaya ko da aikin mako biyu ne. Rowar yabo gare ka, ga taurin kai, ga faɗa a kan abin da bai kai ya kawo ba. Ka taɓa korar mutum daga gidanka don ya ajiye kwalbar giya a kan murfin faifai. Amma babu tsohuwar da ke kan tudun nan da rediyonta bai kwana a teburinka ba, ka gyara ka aika mata har gida da sabon batir a ciki. Bayan babbar guguwar tamanin da takwas, da aka yi watanni babu wuta, janaretar saun ɗinka, wato kayan sautin nan naka, ce ta riƙe firjin da masu ciwon sukari na unguwa ke ajiye allurarsu. Wasanni nawa ka fasa saboda haka, ba ka taɓa faɗa ba, ni ma a bakin mutane na ji.

A gindin mangwaron nan aka haifi "Fitilar Kaka". Ina wasa ne kawai da baki, ina tuna kakata da fitilar ƙwanta, yadda take goge gilashin da tsohuwar jarida tana yi wa masu lantarki dariya duk ranar da aka ɗauke musu. Na ce wutarku ta kamfani ce, ana ɗauke ta, tawa ta kaka ce, sai na hure ta da kaina. Ka ajiye zarto ka ce in maimaita. Na maimaita. Ka ce, "Wawa, ka zaci waƙar kaka ka yi? Adda ka ƙera."

Washegari muka hau bas zuwa Kingston ka sa aka yanka maka ita a dob. Wanda ya taso cikin harkar ya san dob, amma yaran yanzu da komai ke cikin wayarsu sai an gaya musu: faifai ne guda ɗaya tak, na ƙarfe da aka shafe da baƙin danƙo, mawaƙi ya kira sunan saun ɗinka a ciki, babu wani mai irinsa a duniya. Duk sawa allura tana cinsa kaɗan, in ya yi hamsin ya fara shashshaka. Da aka gama yankan, ka sa injiniya ya goge tef ɗin a gabanmu. Muka fito titi ka zuba 'yar farar barasa a ƙasa, ka ce, "Tawa ce?" Na ce, "Taka ce kai kaɗai, Maas Fanso." Shekarata ashirin da huɗu, kuma har zuciyata na faɗa.

Shekara biyu Tsawar Gabas tana lashe karo, wato gasar da saun biyu ke gwabzawa da faifai a gaban jama'a, da wannan faifan. Saun ɗin ƙauye, mai tsohuwar akori-kura da sai an tura take tashi, ya kayar da manyan saun huɗu na birni ɗaya bayan ɗaya. Ba ka taɓa sa ta da wuri ba. Sai an kai zagayen ƙarshe, inda kowa ke sa faifai ɗaya abokin karo ya rama da ɗaya, sannan ka zaro ta daga cikin wata tsohuwar rigar matashin kai ta Miss Icilda. Mutanen St Thomas suna ganin rigar matashin nan suke fara dukan kwanon shinge. Bayan kowane wasa ka ɗauki ƙusa ka ja layi ɗaya a murfin, don ka san nawa ya rage mata.

A farkon 1992 wani furodusa na Kingston, wanda ba zan kama sunansa ba tunda shi ma ya riga mu gidan gaskiya, ya aiko a kira ni. Ya ce waƙa irin wannan ba ta zaman rigar matashi ba ce. Na shiga situdiyonsa na sake rera ta a kan sabon kiɗa, na cire sunan Tsawar Gabas, ban gaya maka ba. A rediyon wata bas da ke wucewa ta ƙasan tudu ka fara jin ta. Na yi mako uku ina kewaye hanyar gidanka kafin na iya hawa, ina jiran ka jefe ni da guduma. Na same ka kana shafa fenti. Ba ka ɗago ba ka ce:

"Ƙarar gangar ta yi yawa, ta danne maka murya. Gaya wa mutumin naka."

Na fara kame-kame, ka katse ni.

"Ba zan tsare ka a kan tudu ba, Vinroy. Je ka ci duniyarka. Abu ɗaya kawai: kowa ya zo ka yanka masa dob ɗinta, yanka masa, amma kada ka yanka wa kowa a kaina."

Na ce ko a mafarki. Ka ce in shiga Miss Icilda ta ajiye mini kifi. Alkawari na farko na karya ka yafe a tsaye, ka ba ni wani wanda ya fi shi sauƙin riƙewa nesa ba kusa ba.

Sauran labarin waƙar kowa ya sani, don shi ake ta maimaitawa a rediyo tun da ka rasu. A watan Afrilu ta shiga jerin waƙoƙin da suka fi tashe a Kingston a lamba ta ashirin da bakwai. Mako biyu ta kai ta tara. Farkon Yuni ta hau ta ɗaya, ta yi mako sha ɗaya a wurin babu wanda ya ture ta. Mawaƙa takwas suka hau kiɗanta bayana, babu wanda ake tunawa da nasa yau. Daga nan ta ƙetare ruwa. Mutanenmu na Brooklyn da Brixton suka ɗauke ta, masu gidajen rawa na Turawa suka karɓa daga hannunsu, a watan Oktoba ta shiga babban jerin Ingila a ta talatin da takwas, ta yi ta hawa har ta sha biyu. Aka kira ni talabijin a London, aka sa mini hayaƙi a ƙafa, faifai na tashi ni ina motsa baki kawai. Wasiƙu suka fara zuwa daga Japan. Ni da ban taɓa wuce Spanish Town ba, sai ga ni ina ƙorafin sanyin ɗakin otal.

Abin da rediyo ba su sani ba shi ne yadda kake yi duk ranar Asabar da rana in za a karanta jerin. Kakan rataye lasifika a reshen mangwaro ka juya bakinta wajen kwari don duk tudu ya ji. Kowace lamba aka faɗa ka rubuta da alli a ƙofar shagonka, ashirin da bakwai, sha biyar, tara, har zuwa ɗaya. Ranar da ta hau ta ɗaya ka yanka akuya. Mahaifiyata ta ce da mutane suka zo taya ka murna cewa ka yi, "Har yanzu gangar ta yi yawa."

A tsakiyar Disamba na dawo daga London da doguwar riga ta fata a cikin zafin Kingston. Lokacin bukukuwan ƙarshen shekara ne, kowane saun na neman makami, kuma kowa "Fitilar Kaka" yake so. Aka ware mini yini guda a wani situdiyo. Yadda ake yi, mai saun zai miƙo takarda, a sama sunan nasa saun ɗin da za ka wasa, a ƙasa sunan wanda zai kara da shi da za ka kashe. Ka shiga ka rera, ka fito, na gaba ya miƙo tasa. Na yi sama da ashirin kafin la'asar. Sai mutumin Baƙin Jirgi, babban saun na yammacin Kingston, ya miƙo tasa. A ƙasa an rubuta Tsawar Gabas, an rubuta Fanso.

Shekara talatin da biyu ina gaya wa duniya cewa takardu sun yi mini yawa a ranar, na gaji, baki ne kawai ya karanta, ido bai gani ba. Na faɗa wa 'yan jarida, na faɗa wa matata, na faɗa wa mahaifiyata. Ƙarya ce. Na gani, na tsaya, har na fara miƙa masa takardarsa. Babu wanda ya zaro mini bindiga, kada wani ya ƙirƙira mini wannan uzurin. Ɗakin cike yake da 'yan birni, waɗanda duk nasarata ba su daina kirana ɗan ƙauye ba, sai ɗaya daga cikinsu ya yi dariya ya ce, "Ku ƙyale shi, sai ya hau tudu ya nemi izinin babansa tukuna." Aka kwashe da dariya. Dariyar nan kaɗai ce. Na sa abin ji a kunne na ce a saki kiɗa. Na rera cewa fitilar Fanso ta mutu, ba lagwani ba kananzir, kafinta ya auna wa kansa akwati. Ni na ƙara zancen akwatin, ba ya cikin takardar.

Ranar ashirin da shida ga Disamba aka yi karon a filin ƙwallon Seaforth, a gaban mutanenka. Ni ina London na koma, don haka abin da zan faɗa daga bakin waɗanda suke wurin ne, kuma babu wanda ya rage mini komai don tausayi. Kun yi kunnen doki har zagayen ƙarshe. Baƙin Jirgi ne ke da sawa kafin kai. Ka riga ka zaro faifanka daga rigar matashi, jama'a sun fara dukan kwano, sai muryata ta fito daga akwatunan abokan gaba. Mutanen tudu suka yi ihun murna da farko, don waƙarsu ce, ɗansu ne. Sai da sunanka ya fito suka gane abin da suke yi wa ihu.

Dokar karo kowa ya san ta: waƙar da abokin karonka ya riga ya sa, ba ka da ikon maimaita ta. Wanda ya maimaita ya faɗi. Ba a tambayar wa ya fara mallakarta, ba a tambayar a gindin bishiyar wa aka haife ta. Kana tsaye riƙe da faifan farko, na asali, wanda kai ka ji shi kafin kowa a duniya, kuma ba ka da damar ɗora shi. Wasu na bayanka suka ce ka sa kawai, a yi duk wadda za a yi. Ka ƙi, don kai ba ka karya doka ko da za ta ci ka. Ka mayar da shi cikin rigar, ka ɗauki makirufo ka ce, "Jama'a, kun ji da kunnenku. Yaron da kansa ya faɗa." Sannan ka bi amfilifayoyinka ka kashe su ɗaya bayan ɗaya.

Tsawar Gabas ba ta sake shiga karo ba. Ta koma bikin aure, wasan makaranta, taron girbi na coci. Mutanenmu kuwa ba su iya barin rauni ya warke ba. In ka shiga kasuwar Morant Bay sai wani ya ce ga gawa ta zo sayen kifi. Yara suna bin akori-kurarka suna rera zancen akwatin, don an kwafi kaset ɗin karon an sayar har Toronto. Shekaru kana jin muryata tana binne ka daga tagogin motoci.

A watan Maris na 1993 na hau tudu da sabuwar amfilifaya daga Ingila, irin wadda ka daɗe kana kallo a mujalla. Na ajiye ta a gabanka na karanto maka zancen gajiya da yawan takardu. Ka saurara har ƙarshe, ka dube ni na ɗan lokaci, ka ce, "To. Ɗauki kayanka. Ranar da ka tuna, ka san hanya." Na sauko ina fushi, wai ni aka wulaƙanta. Na gaya wa mutane cewa tsohon yana da riƙo, kuma da yawa suka yarda da ni, don ni ne ke talabijin.

Ban sake yin waƙar da ta kai ko'ina ba. Na fitar da faifai sun fi arba'in, babu wanda ya wuce ƙofar situdiyo da nisa. "Fitilar Kaka" nake ta rerawa har yau a wasannin tuna baya da jiragen ruwan 'yan yawon buɗe ido, ga tumbi ga furfura. Ban ce alhaki ba ne, mawaƙa da yawa waƙa ɗaya ce rabonsu. Amma na san wanda zai ce mini rabi hayaniya ce, kuma na rufe wa kaina ƙofarsa.

Kai kuwa ba ka huce a kan kowa nawa ba. Da ciwon ƙafa ya kwantar da mahaifiyata, ina can ina yawon ƙasashe ina aiko mata da kaya a ganga, kai ne kake zuwa duk Alhamis ta biyu ka ɗauke ta a akori-kura zuwa asibiti a Morant Bay, ka jira ta a benci, ka mayar da ita gida. Shekara shida. Ka ƙera mata 'yar matakala ta katako don hawa motar. Ka hana ta gaya mini, sai da ta ga ajali ya matso ta faɗa. Ta ce a duk tafiyoyin nan ba ka taɓa ambaton sunana ba, da alheri ko da sharri, sai dai in waƙar ta shigo rediyo ka rage murya ka ci gaba da tuƙi. Na ji wannan a 2004. Na yi kuka, na sha alwashin hawa tudu, na sayi tikitin komawa Miami.

Ranar Asabar, ashirin da tara ga Maris, aka yi taron haƙan kabarinka a filin iyali bayan gida, kamar yadda muke yi kafin ranar jana'iza. Na iso da hantsi. Maza sun riga sun yi nisa da diga da shebur, birkiloli na jiran a gama su jera bulo, mata na kan tukwanen romon kan akuya da doya da koren ayaba. Shernette, wadda na bari tana 'yar shekara bakwai, ita ke riƙe da saun yanzu, ta jera akwatunanka a gindin mangwaro tana sa tsofaffin waƙoƙin da kake so. Ina sauka daga mota aka fara, "Papa Vin ne! Papa Vin ya zo!" Wayoyi suka tashi sama. Har da wani mai ɗaukar bidiyo na intanet da ya biyo ni tun daga Kingston.

Na isa wurinta na yi mata gaisuwa, na ce ina roƙon ta bar ni in yi wa mahaifinta waƙa a saun ɗinsa. Ta rage kiɗan har ƙasa.

"Kawu Vin, Baba ya ce za ka zo. Ya bar mini tambaya ɗaya in yi maka."

"Ina jin ki, 'yata."

"Ranar nan a situdiyo. Ka ga takardar?"

Ba ta ɗaga murya ba, amma na kusa sun ji, masu haƙa suka dakata. Na dubi wayoyin nan. Mutum mai shekara hamsin da tara, a bakin ramin wanda ya ciyar da shi, aka ba ni tambaya mai amsa ɗaya. Na ce, "Shernette, Allah ya sani, ban gani ba. Takardu sun yi yawa."

Ta dube ni irin kallonka, ta gyaɗa kai, ta miƙo mini makirufo. Na rera "Fitilar Kaka" yadda na fara rera ta, da sunan Tsawar Gabas a ciki. Tsofaffi suka yi kuka, masu haƙa suna buga shebur a dutse, aka sa na maimaita sau uku. Aka cika mini kofi da romo, aka rungume ni. Na koma masauki ina jin kamar an sauke mini buhun siminti daga ka. Na bugo wa matata na ce tsohon ya yafe, ya bar wasiyya a ba ni makirufonsa.

Asabar ta gaba aka yi jana'iza. A barandar coci ma'aikacin gidan shirya gawa yana raba farar safar hannu ga masu ɗaukar akwati. Na ƙirga mutum biyar, ƙannenka biyu da surukinka da tsofaffin ma'aikatan saun biyu, ga safa ta shida a hannunsa. Na matsa na miƙa hannu. Miss Icilda tana zaune a kujera kusa da ƙofa da sandarta, ta ce:

"Bar ta, Vinroy. Zo nan."

Na durƙusa a gabanta. Ta yi magana a hankali don kada na kusa su ji, har a ranar tana rufa mini asiri.

"Taka ce da. Shi ya ce a bar gurbi ɗaya. Ya ce wa Shernette, in yaron ya ce ya gani, kada ki ba shi makirufo, ki ba shi shebur ya shiga rami da 'yan gida, ran jana'iza kuma ya kama ni ta wajen kai. In ya ce bai gani ba, ki ba shi makirufo ya yi waƙarsa, ki ba shi abinci, ki sallame shi kamar kowane baƙo."

Na ce, "Miss Icy, me ya sa ba wanda ya gaya mini?"

"A gaya maka me? Amsar?" Ta girgiza kai. "Tun a filin ƙwallo ya sani, ɗan nan. Ya ce kafin ka kira sunansa ka ja numfashi, ka shigo a makare da rabin bugu. Ya ce kai ba ka taɓa makara a kan kiɗa ba. Ba dob ɗin ne ya ci shi ba, ya ce yaro ne, birni ya ruɗe shi. Jira yake ka hau tudu ka faɗa da bakinka. Har watan jiya in ya ji mota ta tsaya a ƙasa sai ya ce in leƙa."

Shernette ce ta sa safar ta shida. Ta yi mata yawa, sai da ta naɗe bakin. Suka ɗauke ka suka wuce ta gabana, na bi baya cikin baƙi.

Na ga takardar, Maas Fanso. Daga littafin makaranta aka yago ta, da jan biro aka rubuta, sunanka na ƙasa an ja masa layi biyu. Na karanta, na san abin da nake yi, na yi don kada 'yan birni su yi mini dariya. Na sake yi maka ƙarya da amfilifaya a hannu, na sake yi a bakin kabarinka don kada wayoyi su ɗauka. Yau na rubuta inda kowa zai gani, kuma na san kai ne kaɗai ba za ka gani ba.

Ya Ubangiji, ka jiƙan bawanka Alphanso. Ka karɓe shi da jinƙan da ya nuna wa mahaifiyata da tsofaffin tudu da ni da ban cancanta ba. Ka gafarta masa faɗansa da taurin kansa, ka ba shi hutun da muka hana shi, ka tashe shi cikin masu adalci a rana ta ƙarshe. Miss Icilda, Allah ya ba ki haƙurin rabuwa da abokin zaman shekara hamsin da ɗaya, ya ƙara miki lafiya. Shernette, Allah ya riƙa miki, ya raya 'ya'yanki, ya sa albarka a kayan da ya bar a hannunki. Ina miƙa ta'aziyyata ga ƙannensa Hopeton da Linval, da jama'ar cocinsa, da duk mutanen St Thomas da suka taɓa dukan kwanon shinge saboda shi. Ni kuma ku sa ni a addu'a in kun iya. In ba ku iya ba, ba ku yi laifi ba.

Vinroy Tulloch
Morant Bay, Afrilu 2025